Gurjiyar Magajin Gari

Tun jiya na kasa zama wuri ɗaya. In zauna a zaure, in tashi in koma tsakar gida, in ce a dama min kunu, a kawo in manta da shi har ya sandare. Mai ɗakina ta gaji ta ce, "Malam, wai me ya cije ka ne?" Ba abin da ya cije ni. Jiya da la'asar babban ɗana ya ɗauko ni a mota daga asibiti, inda ake duba min wannan gwiwa da ta ƙi lanƙwasuwa, muka biyo ta gefen ganuwa, sai na ga an sa katafila ta gutsure wani yanki nata, wai hanya za a fitar. Ga jar ƙasa nan tsibi guda a bakin titi, yara na hawa suna zamewa. Ni kuwa da na gani ba Kano na tuna ba. Wata tsohuwa na tuna a can birnin Guangzhou, da rabin gidanta, da wata bishiyar gurjiya.

Yaran yanzu ba su san Guangzhou ba, ko da kuwa kullum kayanta suke sayarwa. Shi wannan ɗa nawa yana kishingiɗe, ƙafa ɗaya kan ɗaya, zai latsa waya ya zaɓi yadi, ya sake latsawa a ce masa kaya sun taso. Wai shi ɗan kasuwa! Mu a zamaninmu da ƙafa ake cinikin Sin. Gemuna baƙi ƙirin a lokacin, jikina kamar an ɗaura min inji. Ana sallame asuba muke fita Shahe, kasuwar tufafi, domin su can kafin hantsi an gama cinikin kirki. Abin da har yau yake cikin kunnena shi ne ƙarar salatif. Ƙiiii, ƙiiii, ko'ina ana naɗe kwali, sai ka ce garin gaba ɗaya za a ɗaure a tura wani wuri. Ga ƙarar tayoyin masu turin kaya, waɗanda ba sa cewa gafara sai sun taka ka. Ga 'yan matan shago suna kiran "laoban, laoban," wato maigida, ko da kuwa silifas ne a ƙafarka. Ka nuna abu a ce maka "meyo," babu, ka juya za ka tafi a riƙo rigarka, ashe akwai. Da rana mu gangara wajen titin Liuhua kusa da tashar jirgin ƙasa, da yamma mu bi kaya zuwa Baiyun wurin masu kago, wato masu loda kaya a jirgi zuwa gida. Abinci ma a tsaye muke ci. Uban gidana da ya fara kai ni ƙasar, Allah ya jiƙansa, maganarsa ɗaya ce kullum: "Ba zama ya kawo mu ba." In ya ga ka miƙe ƙafa sai ya tambaye ka ko ba ka da lafiya. Shi ya saba min da wannan rashin zama, ga shi har tsufa bai sake ni ba.

Da na fara cin gashin kaina sai na nemi ɗakin da zan riƙa tara kaya kafin a ɗaure. Abokin zamana Habu ne ya samo min, wani Badamagare da ke karatun likita a jami'a. Kun san tsakaninmu da Damagarawa ba a rasa tsiya. In ce masa bawana, shi kuma ya ce Bakano ko makabarta aka kai shi sai ya taya likkafani. Amma fa yaren mutanen ya zauna a bakinsa, ni kuwa ban wuce gaisuwa da godiya da kalmomin ciniki ba. Ya ja ni wata tsohuwar unguwa a bayan manyan kantuna. Gidajen bene ne tsofaffi a jere, kowanne ya miƙo samansa ya rufe hanyar masu tafiya a ƙasa, ginshiƙi bayan ginshiƙi, ta yadda za ka yi doguwar tafiya ana zabga ruwan sama ko ɗigo bai taɓa ka ba. A jikin kowane gida an zana jar da'ira da wani rubutu a ciki. Na tambayi Habu, ya ce, "To, rusau ke nan. Titi za a faɗaɗa, layin nan duka zai tafi. Shi ya sa ɗakin ya yi araha, na san kuma abin da Bakano ke son ji ke nan."

Gidan da ya kai ni wani iri ne. Kamar an sa wuƙa an yanke shi biyu an tafi da rabi. Akwai matakalar da ke hawa ta ƙare a jikin bango, ba ƙofa ba taga. A gefensa wani ɗan lungu ya rage, a nan wata ƙatuwar bishiya ta tsaya, ta zarce gidan tsawo. Mai gidan tsohuwa ce 'yar mitsitsiya, farin gashi a yanke, baƙin wando, fuska ba dariya. Kowa a layin Apo yake ce mata, wato kaka. Ita tana sama, kayana suna ƙasa. Watanni muka yi daga "nihau" sai "shishe," wato sannu da na gode.

Sai wani lokaci na shekara ya zo da garin ke yin gumi. Wallahi bango ne za ka ga yana tsattsafo da ruwa, kwali ya yi laushi, riga ta kwana uku a igiya ba ta bushe ba. Ina ta fama da ɗaga kwalaye kan katako sai na ji tim a bayana. Na juya, jan fure ne mai nauyi, ya kai tafin hannu. Na ɗaga kai. Bishiyar nan ba ganye ko ɗaya, jikinta duk ƙaya, kanta ya yi jawur. Ban san lokacin da na ce "Gurjiya!" da ƙarfi ba. Mahaifiyata 'yar kudancin Kano ce, can gefen daji, kuma muna yara in mun je ganin kakanni ita ake tura mu tsinta. A cire jan, a shanya ƙoƙon furen, a daka a kaɗa miya mai yauƙi. Rabona da ganin gurjiya tun ina gudu ba wando. Sai ga Apo ta sauko da tire irin na saƙar gora tana tsinta ɗaya bayan ɗaya, bayanta a sunkuye. Na ajiye kwali na shiga taya ta. Na nuna mata da hannu yadda ake dakawa, da yadda ake yanko tuwo a dangwala. Ta dube ni kamar mahaukaci, sannan a karo na farko na ga haƙoranta. Su ashe dafa shi suke yi kamar shayi, wai yana fitar da danshi daga jiki. Ta lura ba na cin abin da ya fito daga tukunyarta, sai ta je ta sayo sabuwa fil, ta nuna min takardar na jiki ba a ɓanɓare ba, ta dafa min a ciki. Ba daɗi, gaskiya. Na shanye tas.

Ranar nan ina tsaye a ƙofa ina zazzaga wa wani mai kago masifa a waya, da irin Turancinmu na kasuwa, sai na ji an ce daga bayana, cikin Turanci mai tsabta irin na mutanen da, "In ka rage ihu zai fi jin ka." Na waiga. Ba kowa sai Apo da tirenta. Ikon Allah! Ashe duk zagin da nake yi wata da watanni tana ji. Ta dubi hagu ta dubi dama, ta yi min alama in shigo lungun bishiyar, inda ba mai jin mu. Daga ranar, in na dawo daga kasuwa nakan tsaya mu juya furen da ta shanya. Ba na zama, ita ke zaune a kan ɗan benci, ni ina kai da kawowa. A haka, yau kaɗan gobe kaɗan, ta ba ni labarin mahaifinta.

Ta ce a wannan gidan aka haife shi, lokacin birnin yana cikin ganuwa, ana rufe ƙofofi da magariba. Ubansa farke ne mai safarar ganyen shayi, ya tura shi karatu ƙetaren teku. Yana can gobara ta tashi a unguwarsu. Lungunan a lokacin mutum biyu ba sa giftawa sai ɗaya ya karkace, masu kawo ruwa suka rasa ta inda za su shigo, ƙanwarsa ta mutu a ciki. Ya dawo da hular Turawa da baƙin ciki, ya shiga aikin hukuma. Zamanin sarakuna ya faɗi, mulki yana ta canja hannu, sai aka wayi gari an ɗora shi a kan birnin, ya zama magajin gari. Abin da ya sa a gaba shi ne a buɗe garin ya sha iska. Ya sa hannu aka ci gaba da rushe ganuwa ana shimfiɗa titi a gurbinta.

Na tsaya cak. Na ce, "Ganuwa? Ganuwar gari ya rushe?" Ni Bakano ne, abin ya soke ni. Na ce mata mu tamu tana nan, kakanninmu suka ɗora ta da hannu, wanda ya taɓa ta sai ya ga abin da ya ishe shi. Ta saurare ni har na gama, ta ce, "Ka taɓa fitar da gawa ta lungun da makara ba ta shiga?" Na taɓa kuwa.

Ta ce mutane sun tsine masa iyakar tsinuwa. In ya wuce a watso masa ruwan wanke-wanke daga bene. Ya ce kowane gida a bakin sabon titi ya ba da gabansa a yi rumfa, talaka ya samu inda zai bi in ana ruwa ko rana. Masu gidaje suka ce ba su san zancen ba. Sai ya sa aka ja igiyar awo, ta bi ta tsakiyar gidan ubansa. Ana iya karkata ta kaɗan, injiniyoyi ma sun ce a karkata. Ya ce a'a, da nan za a fara. Shi da kansa ya ɗauki guduma ya fara dukan bangon, ubansa yana zaune a kujera yana kallo. Daga ranar har tsohon ya mutu bai sake yi masa magana ba, in zai ce a miƙo masa gishiri sai ya gaya wa wani. Amma bayan haka ba mai gidan da ya sake buɗe baki. Shekaru kaɗan ya yi a kujerar mulki, sojoji suka canja, aka ce ya sauka. Ya dawo rabin gidan nan ya zama malamin lissafi a wata makaranta, yana tafiya a ƙasa ƙarƙashin rumfunan da ya sa aka yi, waɗanda suka watsa masa ruwa suna shan inuwa tare da shi ba mai gaishe shi. A shekarar da aka sauke shi aka haife ta, a shekarar kuma ya dasa gurjiyar nan a gurbin ɗakin mahaifiyarsa da igiya ta cinye. Shi ne kuma ya saka ta a makarantar da ta koyi Turanci. Ta dafa jikin bishiyar ta ce, "Sa'ata ce. Ba ni da hotonsa, ba ni da littafinsa ko ɗaya. Ita kaɗai ta rage."

Na ce to yanzu da za a rushe gidan fa? Ta ce gidan bai dame ta ba. "Da yana raye shi zai fara ɗaukar guduma. Ɗana ya tanadar min ɗaki a wani dogon bene. Amma sabon titin ta kan bishiyar zai bi."

Abin ya tsaya min a rai, na sa Habu ya bincika. Ya dawo ya ce akwai dama. Hukuma takan bar tsohuwar bishiya mai tarihi, ta kewaye ta da ƙarfe, ko ta tone ta a kai wani wuri, amma sai wani ya je ofis ya faɗi wanda ya dasa ta da dangantakarsa da shi. Na zo da murna na gaya wa Apo. Sai na ga fuskarta ta rufe. Ta ce, "Ba zan je ba." Na ce haba Apo, magana ɗaya ce fa, ki ce ke 'yar wane ce, shi ke nan. Ta ce kada in sake tayar da zancen, ta kwashe tirenta ta hau sama.

To ni a nawa tunanin na ɗauka kunya ce irin ta 'ya'yan manya da duniya ta juya wa baya. Mu a Kano, gidan da aka taɓa yin sarauta, ko da katangarsa ta zube, ko da jikanyar gidan ƙosai take soyawa, ba ka wuce ta a tsaye. Na ce a raina, wannan baiwar Allah an daɗe ba a ba ta girmanta ba, shi ya sa ta manta ko ita wace ce, bari mu tuna mata. Ranar Juma'a bayan an sauko na tattara 'yan uwana Kanawa uku, manyan riguna, hula zanna, turare yana tashi. Muka tarar da ita a bakin rumfa, layin cike da mutane, mai taliya yana ta zuba wa masu ci. Muka tuɓe takalma tun daga nesa. Muka zube a gabanta gwiwa a ƙasa, muka ɗaga hannu. Na ce, "Ranki ya daɗe, 'yar magajin gari!" Mutane suka taru. Mai taliya ya tambaya da hannu, lafiya? Ni kuma da ɗan guntun yaren da na iya, ina nuna ta ina nuna rumfunan layin, na ce babanta laoban ne, babban laoban na garin nan duka, shi ya yi waɗannan.

Tiren ya suɓuce daga hannunta. Furen ya watse a titi. Ban taɓa ganin mutum ya yi fari fat haka ba. Ba mu take kallo ba, taron take kallo, hannayenta biyu sun koma bayanta da kansu kamar wadda aka ɗaure. Ta ja da baya, ta ja da baya, ta shige ta danno ƙofa. Muka ji sakata. Muka tashi muna kakkaɓe gwiwa.

Da Habu ya ji, kamar ya cinye ni ɗanye. Ya ce, "Kai Bakano, ko'ina ka je Kano ka ɗauka?" Shi ya warware min. Ya ce an yi wasu shekaru a ƙasar da zama ɗan tsohon mai mulki ya fi zama ɓarawo muni. Samari kan shiga gida su ƙone hotuna da littattafai, su fito da mutum bainar jama'a su durƙusar da shi, a rataya masa allo a wuya. Ya ce a wurin tsofaffin nan, taro da durƙuso da kiran sunan uba a titi abu ɗaya suke tunawa. Raina ya ɓaci ƙwarai, na kasa cin abinci. Amma in faɗa muku gaskiya, har yau ban yarda gaisuwar ce laifi ba. Laifin na waɗanda suka mai da durƙuso abin tsoro ne.

Kwanaki ba ta sauko ba. Furen na ta faɗowa, tim, tim, ba mai tsinta sai ni. In tsince in shanya in ajiye mata a matakala, da safe in tarar yana nan. Cinikina ma ya rikice, in je Shahe in sayo abin da ba a aike ni ba. Ina ta zullumi kada tsohuwar nan ta mutu a sama saboda ni, ga kuma katafila tana matsowa, don an riga an fara rushe can farkon layin, ƙura da ƙara duk yini. Sai dai wani abu na faruwa a layin da ban kula ba da farko. Mutane sun fara tsayawa a gaban bishiyar suna ɗaga kai. Mai taliya ya aiko da kwano a rufe. Wani tsoho ya kawo lemo ya ajiye a ƙofa ya tafi.

Wata safiya ina ɗaure kwali sai na ji sakata. Ta sauko cikin wata riga mai ruwan toka da ban taɓa gani ba, gashi a taje. Ta tsaya a kaina ta ce, "A daidai inda kuka durƙusa, a nan suka durƙusar da ni. Daga safe har rana ta faɗi. Suna cewa in faɗi sunansa in tofa yawu." Ta nuna wurin da yatsa. "Na faɗa. Na tofa. Tun ranar sunan bai sake fita daga bakina ba." Ta dubi lemon da ke ƙofa. "Yanzu ga shi kowa ya sani, na zauna ina jira a zo, ba wanda ya zo sai mai taliya. Sa takalminka, ka raka ni ofis."

Muka je da Habu. Wata yarinya ce a teburin, sa'ar jikarta, mai ladabi. Ta tambayi wanda ya dasa bishiyar. Apo ta buɗe baki, ba abin da ya fito. Ta sake buɗewa. Na ga hannunta yana neman komawa baya, sai ta damƙe bakin teburin da shi. Sannan ta faɗi sunan, a hankali. Yarinyar ba ta ji ba, ta ce ta maimaita. Ta maimaita da ƙarfi har na teburin gaba ya ɗago kai. Ta ƙara da cewa shi ne magajin garin nan a zamaninsa, ita kuma 'yarsa ce. Yarinyar ta rubuta kamar yadda za ta rubuta sunan kowa. Ba ta taɓa jin sa ba.

Ma'aikatan hukuma sun zo sun duba, ba zan yi musu ƙarya ba. Suka auna kaurinta, suka leƙa gindinta. Hukuncin da suka kawo shi ne bishiyar ba ta kai shekara ɗari ba, saboda haka ba ta shiga cikin waɗanda doka ta kare ba, kuma saiwarta ta shige ƙarƙashin gidan, in an tone ta ba za ta rayu ba. Za a sare. Ni na hau faɗa da Hausa, Habu yana riƙe ni. Apo kuwa da aka fassara min abin da ta ce, cewa ta yi, "Ni ma ban kai ɗari ba." Abu ɗaya ta roƙa, a bari furen bana ya gama zuba. Suka ce aikin ma ba zai iso nan ba sai bayan haka.

Ranar tashinta ɗanta ya zo da mota. Na riga na kwashe kayana na kai wani sito a Baiyun, amma na bar kasuwa na zo. Bishiyar ta gama zubar da ja, ta fara fitar da ɗanyen ganye, ita ba ta san komai ba. Rabin layin ya zama fili, sauran mutanen da suka rage duk sun fito. Apo ta zagaya bishiyar sau ɗaya tana dafa ta. Ta miƙo min wata jaka cike da busasshen fure ta ce in kai wa mahaifiyata. Har ta sa ƙafa ɗaya a mota sai ta fasa. Ta dawo ta tsaya a bakin rumfa, daidai wurin nan, ta gyara rigarta. Ta ce da ni, "Wannan abin da kuka yi rannan. Sake yi. A hankali, su gani."

Na tuɓe takalmina. Na durƙusa a kan ƙurar rusau, na ɗaga hannu. Na ce, "Ranki ya daɗe, 'yar magajin gari." Badamagaren nan da ke min dariya kullum, sai na ji shi a gefena ya zube shi ma. Apo ba ta ja da baya ba. Hannayenta na gabanta, ɗaya kan ɗaya. Ta ɗaga kai ta dubi mutanen layin ɗaya bayan ɗaya, ta faɗi sunan mahaifinta da yarensu, da ƙarfi, yadda har mai tuƙa katafila zai ji. Sannan ta shiga mota.

Ban je ganin saran ba. Da na sake komawa unguwar bayan wasu shekaru, titi ne mai faɗi, motoci na gudu, na kasa gane ko da inda lungun yake. Apo kuma ban sake ganin ta ba, Habu ne ya ji labarin rasuwarta ya gaya min. Furen na kawo shi Kano. Mahaifiyata ta shinshina, ta murza a tafin hannu, ta ce, "Wannan ai gurjiya ce, har can ma akwai ta?" Ta daka ta kaɗa miya, muka ci da tuwon dawa. Ta ce wadda ta shanya wannan ta iya shanya.

Shi ya sa tun jiya na rasa inda zan sa kaina. Ina son in tsine wa mai katafilar nan da ya gutsure mana ganuwa, sai in tuna na taɓa durƙusawa saboda mutumin da ya rushe ta garinsu, kuma na sha inuwar rumfarsa ana ruwa. In ce to a rushe, sai in tuna tsohuwa tana dafa bishiya. Yau da safe na ce wa ɗana ya mai da ni wurin. Ya yi ta gunaguni yana da kaya a hanya, amma ya kai ni. Na fito da sandata na tsaya a gaban jar ƙasar nan. Ban san waɗanda suka ɗora ta ba, ban san sunan ko ɗaya daga cikinsu ba, kuma ba wanda ya rage da zai faɗa. Ina tsaye sai na ji ƙasa da zafi a tafin ƙafata, na duba, ashe na tuɓe takalmi ban sani ba. Na yunƙura zan durƙusa, gwiwar ta ƙi.

Ɗana ya leƙo ta tagar mota ya ce, "Baba, wa kake gaisarwa?"

Na ce ya fito ya riƙe ni in sauka ƙasa.